Wadda Aka Binne da Zanen Nasara

SHAFI NA 19

Masu zagina a ƙarƙashin shafin jiya wai na cika kashe mutane, duk na gani. Hajiyar da ta rantse ta daina karantawa, sannu da dawowa. Ni ban kashe Nasara ba. Ku karanta kafin ku cika min waya.

*

Asabar ce, rana ta ɗan karkata. Ezekiel Tanko yana tsaye gaban bagadi a majami'arsu ta Sabon Garin Gusau, jita rataye a wuya, mawaƙa sun yi layi a bayansa. Gobe ne sujadar tunawa da matarsa Nasara, shekara biyu da binne ta. An manna hotonsa har a tashar mota. Mutane za su zo daga Ƙaura, daga Funtuwa, don su ji waƙar da ya yi mata daga bakinsa.

Waƙar ce ta fito da shi. Kafin ita, mai jan waƙar yabo ne kawai a coci ɗaya, Litinin ta yi ya koma shagonsa na gyaran lasifika. Bayan ita, ko wurin mai rake ka tsaya sai ka ji ta a waya. Kirista na ji, Musulmi na ji. A Zamfarar yanzu wa daji bai ci wa mutum ba?

Ya ɗaga murya.

"Na san inda kika kwanta…"

Sai ya yi shiru.

Haka waƙar take. Layi, shiru. Layi, shiru. Mutane sun ɗauka don a samu wurin kuka ya bar shirun. Ba haka ba ne. Tun da suka yi aure Ezekiel bai taɓa haɗa waƙa shi kaɗai ba. Shi zai jefa layi, Nasara ta amsa masa da tulu, irin tulun ƙasar da matan zumunta ke bugawa da soso a baki. In ta amsa, layi ya zauna. In ta ƙi, ya watsar ya nemo wani. Wannan ce kaɗai ya haɗa babu ita, sai ya bar mata wurinta. Ya hana mai ganga, ya hana matan zumunta. Ba mai taɓa komai a wurin.

Amma yau ma ya ji.

Dum. Dum-dum.

Ya dafe tsirkiyar jita da tafin hannu.

"Wa ya buga?"

Mawaƙa suka kalli juna.

"Na ce wa ya buga?"

Mama Ladidi, shugabar zumuntar mata, ta ɗaga hannuwanta biyu daga kan tulunta.

"Ɗana, ba wanda ya buga. Ko Uwani da ke dukan tulu kamar kan mijinta, ga hannunta nan a cinya."

Aka ɗan yi dariya. Shi bai yi ba. Ya juya ya kalli kusurwar da aka ajiye tulun Nasara. Yana nan yadda yake, an kife masa kwano a baki, ƙura ta hau.

Ba yau ya fara ji ba. Bai taɓa gaya wa kowa ba ne. Mutumin da ke tsayawa gaban jama'a yana cewa a ɗaga hannu a yabi Ubangiji, da wane baki zai ce tulun matacciya na amsa masa?

"Mu sake daga farko."

Bai kai ga buɗe baki ba maigadi ya leƙo.

"Malam Ezekiel, wani dattijo na sallama da kai. Na ce ya shigo, ya ƙi."

*

Dattijon na tsaye ƙarƙashin dogon-yaron bakin ƙofa. Dogo ne, siriri, farar riga duk ta koma ruwan ƙasa, carbi a hannu. Bayansa keke napep ne a tsaye, an saki labulensa.

"Sannu Baba. Mu shiga daga ciki mana."

"A'a, nan ma ya isa. Kai na Ezekiel mai waƙa?"

"Ni ne."

"Sunana Jatau. Daga Bunguɗu nit taho. Ban zo da hwaɗa ba, kuma ban zo roƙo ba, ka kwantar da hankalinka."

"Ina jin ka, Baba."

"Jikokina sun ishe ni da waƙarka cikin waya. Ni ban san waƙa ba, gero nis sani. Amma na saurara. Kac ce ka san inda tak kwanta."

"Eh."

"To ina son ka kai ni wurin."

Ezekiel ya dube shi sama da ƙasa.

"Kabarin matata? Me ya haɗa ka da shi?"

"Ɗiyata na ciki."

Wani babur ya wuce da ƙara. Ezekiel ya jira ya wuce.

"Me ka ce?"

"Ka ji ni. Wasila sunanta. Daminar da anka kwashe matarka bisa hanyar Tsahe, ita anka kwashe Wasila bakin gona. Ita kunka rufe."

Ezekiel ya yi wata irin dariya.

"Baba, da furfurarka? Wa ya turo ka? An yi min irin wannan ba sau ɗaya ba. Wani ya ce ya gan ta a Mada, wani ya ce a kawo kaza a kai kaza. Sun cuce ni har sun gaji. Kuma sai yau, jajibirin taro?"

"Ni ban san kuna da taro ba."

"Na binne matata. Da idona na ga zanenta. Da hannuna na zuba ƙasa."

"Zane kag gani. Ka ga huska?"



Ezekiel bai ga fuska ba. Ba wanda ya gani. 'Yan sa-kai ne suka tsinci gawar a bakin wani rafi bayan Tsafe, ruwa da rana sun riga sun yi aikinsu. Amma zanen jikinta na zumuntar mata ne, shuɗi mai hoton Littafi a buɗe. Kuma matan cocinsu suna da wata ɗabi'a: da yake zanen kowa iri ɗaya ne, in an je babban taro an shanya sai ya cakuɗe, don haka kowace na ɗinke sunanta a bakin zane. Na wannan gawar, da jan zare, an rubuta NASARA E. Daga taron zumunta take dawowa ranar da 'yan bindiga suka tare motarsu. Me ya rage a tambaya?

Malam Jatau ya juya wajen keken.

"Sa'adiya. Hito, ɗiyata. Ba abin da za a yi miki."

Labule ya motsa. Wata mata ta sauko a hankali, tana dafa ƙarfe. Hijabin ya yi mata yawa, wuyan hannunta kamar kara. Ta durƙusa nesa kaɗan, idonta a ƙasa.

"Mutumniyar 'Yandoto ta," in ji Malam Jatau. "Kwanan nan danginta sunka samu anka sako ta. Ko gida ba ta huta ba tat taho Bunguɗu tana tambayar gidana. Hwaɗa mashi abin da kika hwaɗa min."

Muryarta ƙasa-ƙasa.

"Ina wuni, Baban Rut."

Ezekiel ya kafe ta da ido. Rut 'yarsu ce, ita kaɗai. Amma ba sunan ne ya taɓa shi ba, kowa ya san sunan. Yadda ta ja ƙarshensa ne. Mutum ɗaya ke ja masa suna haka.

"Wa ya koya miki kirana haka?"

"Yaya Nasara. Haka taka hwaɗin sunanka."

"Ƙarya kike."

"To."

"Na ce ƙarya kike!"

"Malam, bar ɗaga mata murya," in ji Malam Jatau. "Ta sha tsawa inda tah hito, ta ƙoshi."

Sa'adiya ta ci gaba kamar ba da ita ake ba.

"Ni ban iske Wasila ba, ta rasu kahin a kai ni. Yaya Nasara tab ba ni labari. Tac ce rana ɗaya anka haɗa su cikin daji. Ƙaya ta yayyage tuhwahin Wasila, ga ruwa dare da rana, ga zazzaɓi. Tana rawar ɗari har haƙoranta na ƙara. Yaya Nasara tak kwance zanenta tal lulluɓa mata, ita taz zauna da hwatari. Da za su tashi daga wurin Wasila ba ta iya tahiya. Da sahe ta cika. Sunka hana a gina mata rami, sunka aje ta bakin rahi."

"Kowa zai iya haɗa wannan. Labarin zanen har a rediyo na faɗa."

"Tac ce jan zaren ya ƙare mata wurin harahin ƙarshe, tak ƙarasa da baƙi."



Wannan kam Ezekiel bai faɗa a rediyo ba. Shi kansa sai yanzu ya tuna. Nasara na zaune bakin gado tana tsaki, tana cewa ya miƙo mata baƙin zaren da ke cikin gwangwani.

Ya juya da sauri ya ƙwala kira.

"Mama! Mama Ladidi!"

Ashe tana bakin ƙofar majami'a tun ɗazu, soson tulu a hannunta. Ta taho kamar mai taka ƙaya.

"Mama, zo ki ji. Ke kika shirya ta. Ke kika yi mata wanka kika sa ta a akwati. Gaya wa mutanen nan wa muka binne."

Mama Ladidi ta kalli Malam Jatau. Ta kalli Sa'adiya. Shi ne ba ta kalla ba.

"Mama?"

"Mu shiga ofishin Fasto, ɗana."

"Ba inda za ni. A nan za ki faɗa."

"Mutane na kallo."

"Su kalla! Wa muka binne?"

Soson ya faɗi daga hannunta. Matar da ke tsawata wa mata ɗari su yi tsit, sai ga ta ta zauna daɓas a ƙasa da zanenta mai kyau.

"Babu tabon."

"Wane tabo?"

"Na salansa. A ƙaurinta na dama. Wanda babur ɗinka ya ƙona ta kuna sabon aure, har na riƙa sa mata man kaɗanya. Na duba, ɗana. Na juya ƙafar. Na duba ta hagu ko na manta ne. Babu."

"Kika yi me?"

"Na ce wa kaina ruwa ne ya ci fatar."

"Ruwa ya ci fatar?"

"Fatar wurin tana nan lafiya." Ta fashe da kuka. "Tana nan lafiya, Yesu ya sani. Amma ga zane, ga suna, ni na koya mata ɗinkin. Kai kuma ga ka a waje kamar mahaukaci. Kwana da kwanaki kana bin ƙauyuka, takalmi ɗaya, gemu ya cika maka fuska. Rut ta daina magana. Na ce in na fito na ce ba ita ba ce, daji za ka shiga, mu rasa ku duka biyu. Na ce bari a rufe, yaron nan ya samu inda zai tsaya ya yi kuka."

"Kika bar ni na tsaya a kan 'yar mutane ina waƙa."

"Na bar ka."

"Duk Lahadi Rut na kai fure wurin."

"Na sani. Ina bin ku a baya ai. Ka ɗauka don me ba na iya shiga maƙabartar?"

Ezekiel ya ɗaga hannu kamar zai yi wani abu, bai san me ba. Ya sauke.

Malam Jatau ya tsuguna gaban Mama Ladidi, ya bar tazara.

"Baiwar Allah, bar kuka, tambaya gare ni. An ce ke kika yi mata wanka?"

"Ni ce, Baba. Da ruwan ɗumi. Yadda zan yi wa 'yar cikina."

"Allah shi saka miki. Da ba ku ɗauke ta ba da karnuka sunka ɗauka. Wannan ban mance shi." Ya ɗan ja carbi. "Cikin akwati kunka sa ta?"

"Eh."

"Ina kunka juya huskarta?"

"A rigingine take, Baba. Haka muke yi."

Ya gyaɗa kai. Ya daɗe yana gyaɗa shi.

"Ba salla ke nan. Ba gabas." Ya miƙe, gwiwarsa ta yi ƙara. "Uwarta har yau ba ta sa sakata ga ƙohwa. Tac ce kada yarinya ta dawo ta iske gida ruhe. Ban hwaɗa mata ba tukuna. Nac ce sai na ga wurin da idona."

Ya juyo ga Ezekiel.

"Ka ga abin da yak kawo ni. A ba ni ɗiyata in kai ta cikin danginta, a yi mata abin da addininta yac ce. In ba a iya tonawa, a bar mu mu tsaya bisa kabarin mu yi mata salla. Kuma a cire sunan da ba nata ba. Shi ke nan."

Ezekiel bai ji rabin maganar ba. Idonsa na kan Sa'adiya.

"Yaushe… yaushe rabonki da Nasara?"

"Ranar da anka sako ni. Ita taɗ ɗaure min ƙahwa da tsumma."

"Da ranta?"

"Da ranta nib baro ta."

Ya jingina da bishiya.

"Ita ka yi masu abinci. In matansu za su haihu ita aka kira. Shi yas sa ba su taɓa ta ba, kuma shi yas sa ba su son rabuwa da ita."

"To me ya sa ba su kira ba? Me ya sa ba ta aiko ba? Shekara biyu!"

"Ta aiko. Duk wanda za a saki sai ta roƙe shi. Amma kahin ka hita sai sun aza maka bindiga ga kai, sun ce in ka buɗe baki sun san gidanku. Ni ma sun aza min." Ta ɗago ido karo na farko. "Kuma sun kira ka."

"Ba su kira ba."

"Sun kira. Lambarka kaɗai tah hardace. Gabanta sunka kira, sunka buɗe murya kowa na ji. Tac ce in tambaye ka ko ka tuna."

Ya tuna.

Bayan jana'iza da 'yan kwanaki ne. Yana zaune a tsakar gida, dattawan coci kewaye da shi. Baƙuwar lamba. Wata murya ta ce, matarka na hannunmu, ka shirya. Dattawa suka ce haka suke yi, har da gawa suna ciniki, kada ka kula su. Shi kuma zuciya ta ɗebe shi.

"Tac ce kac ce, matata tana wurin Ubangiji, ku nemi wani ku cuta. Suna miƙa mata wayar kak kashe. Tana ta hwaɗin Baban Rut, Baban Rut, ba kowa. Sunka sake kira, layi bai shiga. Har yau bai shiga."

Da haƙorinsa ya karya layin a ranar. Ya jefa a murhu. Dattawa suka ce ya yi daidai.

"Wayyo Allah," in ji Mama Ladidi. "Wayyo ni Ladidi."

"Waƙar fa?" Muryarsa ta dishe. "Ta… ba ta ji ba ko?"

Sa'adiya ta mayar da idonta ƙasa.

"Ki gaya min."

"Su sunka kunna mata. Ɗayansu yad dawo daga kasuwa da ita cikin waya, yana dariya. Yac ce, Kirista, zo ki ji, mijinki ya rufe ki har ya yi suna da ke. Kullum in sun sha abinsu sai sun kunna. Su ce ta tashi ta taka."

Ezekiel ya cire jitar daga wuya kamar tana ƙona shi. Ya rasa inda zai ajiye ta. Duk garin da ya je da waƙar nan, duk mumbarin da ya hau, duk wanda ya rungume shi ya ce Allah ya yi amfani da hawayenka, duk suka taso masa lokaci guda.

"Ta tsine min?"

"A'a."

"Me ta ce?"

"Da hwarko kuka taka yi. Daga baya ta bari. In sun kunna, sai ta jawo jarkar ruwa ta aje tsakanin ƙahwahunta. Inda kay yi shiru, sai ta buga."

Sa'adiya ta ɗaga tafin hannu ta bugi cinyarta.

Dum. Dum-dum.

Ezekiel ya matso kusa da ita.

"Sake."

Dum. Dum-dum.

Shi ne. Ba kusa ba, ba kama ba. Shi ne wanda yake ji.

"Tac ce wurinta na, kai kab bar mata. Kuma ta ƙara nata baiti. Tac ce in ka musa min, in rera maka. Ni ban iya waƙarku ta coci ba, kada ku yi min dariya."

Ba mai niyyar dariya. Mawaƙa duk sun fito sun tsaya a bakin ƙofa, ba mai motsi.

Ta rufe ido. Muryar siririya ce, tana rawa, amma karin nasa ne sak.

"Ban kwanta ba, ina nan tsaye,
ƙasa ba ta rufe ni ba.
Makiyayi, in ka ƙirga garke,
sake ƙirgawa, da saura ɗaya."

Uwani ta kurma ihu ta faɗi, mata suka riƙe ta.

Ezekiel bai yi kuka ba. Kukan ya ƙi zuwa.

"Me ya sa ta tura ki Bunguɗu? Me ya sa ba nan kika fara zuwa ba?"

"Tac ce uban Wasila bai san inda ɗiyarshi take ba, shi ya fi buƙata." Ta sunkuyar da kai. "Tac ce kai ka ce ka sani."

Malam Jatau ya sa hannu a aljihu ya zaro wata 'yar ƙaramar waya da aka ɗaure da roba.

"Lambar da dangin Sa'adiya sunka yi magana da su tana nan ciki. Ƙanenta yas sa min. Ni ban kira ba. Ba ni da kowa wurinsu yanzu." Ya miƙa masa. "Kai ka da."

"Ɗana, dakata," in ji Mama Ladidi. "A kira Fasto tukuna. A tara dattawa, a yi addu'a, a yi shawara."

"Dattawa sun yi shawara wancan karon, Mama."

Ya karɓi wayar. Yatsansa ya kasa samun maɓallin. Malam Jatau ya danna masa, ya buɗe murya.

Tana ringi.

Tana ringi.

Har ya fara roƙon Allah a ransa kada a ɗauka, ya ji kunyar kansa.

Aka ɗauka. Iska, kukan awaki, wani rediyo can nesa.

"Wa ka magana?"

"Sunana Ezekiel. Daga Gusau. Ni ne mijin… akwai wata mata a wurinku. Nasara."

Sai dariya. Mai wayar ya juya yana kiran wasu, ku taho ku ji, mai waƙa na.

"Kai na ka ce matarka na wurin Ubangiji?"

"Ni ne."

"To nan kak kira? Nan ya yi maka kama da wurin Ubangiji?"

Aka sake kwashewa da dariya.

"Don Allah ku ba ta wayar. Murya kawai zan ji."

"Yo mu mun san kai na? Kowa na iya cewa shi na. In kai na, rera muna."

"Me?"

"Waƙar. Rera, mu ji in ta yi daidai da ta waya."

Ezekiel ya kalli mutanen da ke kewaye da shi. Ya kalli Malam Jatau, uban wadda ke kwance ƙarƙashin sunan matarsa. Dattijon ya kau da kai, ya ce a hankali,

"Rera, Malam. Wadda ka da rai ta hi."

Mutumin da ke cika fili da murya ba lasifika, ya buɗe baki, iska ce ta fito. Ya sake.

"Na san… na san inda kika kwanta…"

Ya yi shiru.

Ba don waƙar ta ce a yi shiru ba. Numfashinsa ne ya ƙare.

Awaki. Iska. Rediyo.

Sai can baya, nesa da wayar, kamar daga bayan bukka:

Dum. Dum-dum.

Wannan karon ba shi kaɗai ya ji ba. Mama Ladidi ta toshe baki da hannu biyu. Sa'adiya ta kifa kai a gwiwa.

"Nasara!" Ya manna wayar a baki. "Nasara! Maman Rut! Ni ne!"

"Kai, bar ihu," in ji muryar. Dariyar ta ɗauke. "Mun yarda kai na. Ga yadda za a yi. Gobe da hantsi ka taho bayan 'Yandoto, inda kwalta taƙ ƙare. Za ka iske mai babur. Kai ɗaya. In mun ga soja, ko ɗan sa-kai, ka riga ka yi mata waƙar, ba sai ka sake wata ba."

"Me zan kawo? Ku faɗa, ko mene ne."

"Za mu yi maganar wannan in ka zo. Ka dai riƙo jitarka. Maigida na son ya ji ka ido da ido."

"Zan zo. Na rantse zan zo. Ku ba ta, ko kalma ɗaya."

Aka ji motsi. Jarka ta faɗi ta gangara. Takun gudu. Wani ya daka tsawa, ke, koma! Wayar ta yi ƙara kamar ana kokawa da ita.

Sai muryar da ya binne ta fito, kusa, a dishe, tana haki.

"Baban Rut, kada ka zo! Ba sakina za su yi ba, kai suke—"

Ƙit.

Layin ya mutu.